Bayan an ajiye makamai, wa ake gurfanarwa?

Barista Hauwa
Assalamu alaikum jama'ar zaure. Ga tambayar da nake so mu tattauna. Idan aka duba jerin mutanen da Kotun Hukunta Manyan Laifuka ta Duniya da ke Hague ta samu da laifukan yaƙi tun da ta fara aiki a 2002, irin su Lubanga da Katanga da Ntaganda da Ongwen da Al Mahdi, duk 'yan tawaye ne ko shugabannin mayaƙan sa-kai. Shari'o'in da suka taɓa masu riƙe da gwamnati kuwa, ta Uhuru Kenyatta, shugaban Kenya na lokacin, an janye ta a Disamban 2014, ta mataimakinsa William Ruto ta wargaje a 2016, Laurent Gbagbo na Ivory Coast an wanke shi a 2019, shi kuwa al-Bashir na Sudan ko ƙofar kotun bai taka ba. Shin matsalar tana cikin dokar ne, ko a wurin masu aiwatar da ita?

Malam Sani
Wa alaikumus salam, Barista. Dokar ba ta rage komai ba a takarda. Sashe na 27 na Yarjejeniyar Roma, wadda ta kafa kotun, ya ce muƙami, ko da na shugaban ƙasa ne, ba ya kare mutum daga tuhuma. Abin da dokar ba ta ba kotun ba shi ne ɗan sanda ko guda ɗaya. Ba ta iya kama kowa, ba ta iya tone kabari, ba ta iya buɗe ofishin gwamnati ta kwaso takardu, ko biza mai bincikenta ba zai samu ba sai ƙasar ta yarda. To in wanda ake zargi shi ne ke sa hannu a kan bizar fa? An ba kura ajiyar nama ke nan.

Dubi Yuganda. Gwamnatin Museveni ce da kanta ta kai maganar arewacin ƙasar gaban kotun, kuma a 2005 aka fitar da sammacin kama mutum biyar: Kony, Otti, Lukwiya, Odhiambo da Ongwen. Dukansu na ƙungiyar 'yan tawaye ta LRA. Sojan gwamnati ko ɗaya babu, alhali zarge-zargen da ake musu a sansanonin da aka tara jama'a sanannu ne. Ba sai an ce mai gabatar da ƙara ya ci amana ba. Jirgin da zai kai masu bincikensa da sojan da zai raka su, duk na gwamnatin ne.

Dakta Bello
Na yarda da Malam Sani, amma rabin amsar ke nan. Ɗaya rabin yana cikin irin hujjar da ake buƙata, kuma a nan ne yawancin shari'o'in nan ke mutuwa.

Masu wannan aiki sun raba hujja gida biyu. Akwai hujjar aukuwar laifi: an shiga gari kaza ranar kaza, an kashe mutum kaza, ga gawarwaki, ga waɗanda suka tsira suna ba da shaida. Wannan ba ta cika wahalar samu ba. Sai hujjar alaƙa, wato igiyar da za ta ɗaure abin da ya faru a ƙauyen da mutumin da ke zaune a ofis kilomita ɗaruruwa daga wurin. Matar da aka kashe mijinta a gabanta za ta iya bayyana kakin da maharan suka sa da yaren da suke yi, amma ba ta san wanda ya ba da umarni ba.

Sashe na 28 ya ce kafin a kama kwamanda da laifin yaransa sai an tabbatar da abu uku. Na farko, yana da iko na zahiri a kansu, ba na suna ba: zai iya ba su umarni su bi, zai iya cire mutum ko hukunta shi. Na biyu, ya san suna aikata laifin, ko kuma bisa halin da ake ciki ya kamata ya sani. Na uku, bai ɗauki matakan da suka wajaba kuma suke cikin ikonsa ba, don hanawa ko hukuntawa ko miƙa su ga masu bincike. In shugaban farar hula ne, ma'aunin sanin ya fi tsauri a kan mai gabatar da ƙara: sai an nuna ya sani, ko da gangan ya kau da kai daga bayanan da suka nuna abin a fili.

Shari'ar Jean-Pierre Bemba, madugun 'yan tawayen Kongo, ita ce darasin. Mayaƙansa sun tsallaka Jamhuriyar Afirka ta Tsakiya a 2002 da 2003, an yi kisa da fyaɗe da wawure dukiya, babu wanda ya musa wannan. A 2016 aka ɗaure shi shekara 18. A Yunin 2018 alƙalan ɗaukaka ƙara, uku cikin biyar, suka wanke shi. Hujjarsu: kotun farko ba ta yi la'akari da iyakar abin da kwamandan da ke wata ƙasa zai iya yi ba, kuma ta same shi da wasu laifukan da ba sa cikin tuhumar da aka tabbatar tun farko. Shekara goma yana tsare, aka tashi babu wanda aka hukunta a kan abin da aka yi wa mutanen nan.

Aisha M.
Dakta, to me ake nema takamaimai a matsayin hujjar alaƙa? Ai babu shugaban da zai rubuta "ku je ku kashe su" ya sa hannu.

Dakta Bello
Za ki yi mamaki, Malama Aisha. Umarnin kai tsaye ba a cika samu ba, amma gwamnatin danniya uwar rubuce-rubuce ce, domin ma'aikaci yana son shaidar cewa ya yi aikinsa. Abin da ake bi: jadawalin rundunoni da wa ke ƙarƙashin wa a ranar, littafin sadarwar rediyo, takardun fitar da mai da harsasai da motoci, don mota ba ta tafiya babu mai kuma wani ne ya sa hannu aka zuba, rajistar gidan yari, takardun albashi da ƙarin girma, don in aka ƙara wa mutum girma mako biyu bayan kisan da ya jagoranta, wannan magana ce. Sai rahotannin da ke hawa sama, su ne ke tabbatar da sani.

Chadi ce misali mafi kyau. A 2001 masu bincike na ƙungiyar Human Rights Watch suka shiga tsohuwar hedikwatar 'yan sandan sirrin tsohon shugaban ƙasar Hissène Habré, wato hukumar DDS, a N'Djamena, suka tarar da dubban takardu zube a ƙasa cikin ƙura. Da aka tantance su, aka samu sunayen mutum 1,208 da aka kashe ko suka mutu a tsare, da mutum 12,321 da aka ci zarafinsu. Abin da ya fi muhimmanci, an ƙirga rahotanni 1,265 da hukumar ta aika wa Habré shi kansa a kan tsararru 898. Daga nan "ban sani ba" ta rufe. Kotun musamman da Tarayyar Afirka da Senegal suka kafa a Dakar ta yanke masa ɗaurin rai-da-rai ranar 30 ga Mayun 2016.

Amma ki lura da shekarun. An hamɓarar da shi a 1990. Da yana kan mulki takardun nan suna kulle, kuma wanda ya nemi ganinsu sunansa zai shiga cikinsu.

Malam Sani
Wannan ta dawo da mu kan maganata. Hujjar alaƙa tana hannun gwamnati. Ɗan tawaye kuwa gwamnatin da ke yaƙarsa ce ke tattara masa hujja kyauta: a shari'ar Ongwen, sojoji da jami'an leƙen asirin Yuganda ne suka kawo naɗe-naɗen maganganun LRA ta rediyo da suka shekara suna saurare suna rubutawa. Wa zai kawo naɗin maganganun sojan gwamnati?

Barista Garba
Akwai hanya ta biyu da ba ku ambata ba: shaidan cikin gida, wato mutumin da ya yi aiki a cikin tsarin ya fito ya faɗi yadda umarni ke sauka. Shi ne ya fi kowa amfani, shi ne kuma ya fi kowa haɗari ga shari'a. Sau da yawa shi ma hannunsa da jini, yana neman sassauci ko mafaka a wata ƙasa, don haka lauyan wanda ake tuhuma zai fara da tambayarsa me aka yi masa alkawari. In shari'a ta tsaya a kan mutum uku ko huɗu irin wannan, to ta tsaya a kan ƙafa ɗaya.

Abin da ya faru a shari'o'in Kenya ke nan. Shaidu suka riƙa janye maganarsu, wasu suka ƙi zuwa, aka yi zargin saye da barazana. Mai gabatar da ƙara ta nemi a karɓi bayanan da suka bayar tun farko a rubuce, bisa ƙa'ida ta 68 ta kotun da aka gyara a 2013, kotun farko ta yarda, amma a Fabrairun 2016 sashen ɗaukaka ƙara ya ce ba za a yi aiki da gyaran a kan shari'ar da ta riga shi farawa ba ta hanyar da za ta cutar da waɗanda ake tuhuma. Bayan wata biyu shari'ar ta rushe.

Kare shaida kuma ba sauya masa suna a takarda ba ne kawai. Ana murɗa murya, a rufe fuska, a yi zaman sirri, amma a ƙauyen da kowa ya san kowa, mutumin da ya ɓace mako uku ya dawo da sabuwar jaka ba ya buƙatar a faɗi inda ya je. Matsala ta biyu ita ce masu shiga tsakani, mutanen yankin da masu bincike ke dogara da su wajen nemo shaidu don su ba sa iya shiga. A shari'ar Lubanga kotu ta ƙi dogara da shaidar wasu da aka gabatar a matsayin yaran da aka sa aikin soja, saboda alamun cewa masu shiga tsakanin sun kitsa musu abin da za su faɗa. Sai da aka koma kan faifan bidiyo da ke nuna yara cikin masu gadinsa da sansanin horo.

Hajiya Rabi
Duk kuna magana kamar kotu ce kaɗai hanya. Ni tambayata ita ce afuwa. In mutum yana riƙe da bindiga ya ce ba zai ajiye ba sai an ba shi tabbacin ba za a ɗaure shi ba, mai sasantawa ya ce masa me? Ya ci gaba da kashe mutane har sai an samu kotun da za ta iya kama shi?

Barista Hauwa
Hajiya, wannan gardama ce da masana suka daɗe suna yi. A 1991 Diane Orentlicher ta rubuta cewa dokar ƙasa da ƙasa ta ɗora wa sabuwar gwamnati wajibcin gurfanar da masu manyan laifukan gwamnatin da ta shuɗe. Carlos Nino, wanda ya ba Shugaba Alfonsín na Ajantina shawara a kan shari'ar janar-janar ta 1985, ya mayar mata da martani cewa wajibcin da bai duba ƙarfin gwamnatin da aka ɗora wa ba zai iya kifar da ita. Ba da ka yake magana ba. Bayan shari'ar 1985 sojoji sun yi ta huci, aka yi dokar rufe ƙofar sabbin ƙararraki a 1986, aka yi ta kare waɗanda suka bi umarni a 1987 bayan boren bariki, sannan Shugaba Menem da ya gaji Alfonsín ya yafe wa waɗanda aka ɗaure. Sai a 2003 majalisa ta soke dokokin biyu, Kotun Ƙoli ta tabbatar a 2005, aka sake buɗe shari'o'i.

Inda doka ta tsaya yanzu: afuwa ga wanda laifinsa ɗaukar makami ne kawai halal ce, har ma sashe na 6(5) na Ƙarin Yarjejeniyar Geneva ta Biyu ta 1977 yana ƙarfafa ta a ƙarshen yaƙin cikin gida. Afuwa a kan kisan ƙare-dangi, laifukan yaƙi da laifukan cin zarafin bil'adama kuwa ba ta ɗaure kotun waje. A yarjejeniyar sulhu ta Lome a 1999 an ba madugun 'yan tawayen Saliyo Foday Sankoh da mayaƙansa afuwa ta gaba ɗaya, wakilin Majalisar Ɗinkin Duniya ya ƙara sharaɗi wajen sa hannu cewa ba ta shafi waɗannan laifuka ba, kuma a 2004 Kotun Musamman ta Saliyo ta ce afuwar ba ta hana ta shari'a. Kotun kare haƙƙin bil'adama ta nahiyar Amurka ta riga ta faɗi irin haka a shari'ar Barrios Altos ta ƙasar Peru a 2001.

Hajiya Rabi
To ai kin ga matsalar. In kowane madugu ya san takardar afuwar da aka ba shi za a iya yaga ta bayan shekara biyar, me zai sa na gaba ya yarda? Charles Taylor na Laberiya ya sauka daga mulki a 2003 bisa fahimtar zai zauna a gudun hijira, a 2006 aka miƙa shi, yanzu yana zaman shekara 50. Ban ce bai cancanta ba. Na ce duk mai riƙe da mulki ya ga abin da ya faru.

Dakta Bello
Gaskiya ne, kuma masu bincike sun kasu a kan wannan. Kathryn Sikkink da abokan aikinta sun kwatanta ƙasashe da dama suka ce inda aka yi shari'o'i danniya ta ragu daga baya. Jack Snyder da Leslie Vinjamuri sun ce tuhuma kafin a samu tsayayyun hukumomi tana iya tsawaita rikici, don tana toshe wa masu ɓarna hanyar fita. Wahalar auna wannan ita ce ƙasar da ta iya yin shari'a galibi ta riga ta samu kwanciyar hankali, sai a rasa wanne ya haifi wanne.

Ustaz Kabir
Akwai wata fuska da fiƙihu ya daɗe da warwarewa, wadda nake ganin tana da amfani a nan: bambanci tsakanin haƙƙin hukuma da haƙƙin bawa. Tawaye laifi ne a kan hukuma, tana iya yafe shi. Jinin mutum kuwa na magadansa ne, su ke da zaɓin ƙisasi ko diyya ko afuwa. Gwamnatin da ta yafe kisan da aka yi wa wani ta yi kyauta da abin da ba nata ba. Ta fi muni in ita ce ta yi kisan ta kuma yafe wa kanta, kamar dokar da Pinochet ya yi a Chile a 1978.

Barista Garba
Ustaz, wannan ita ce hujjar da iyalan Steve Biko, ɗan gwagwarmayar yaƙi da wariyar launin fata, da wasu suka kai Kotun Tsarin Mulkin Afirka ta Kudu a 1996, cewa afuwar kwamitin gaskiya da sasantawa ta ƙwace musu haƙƙin kai ƙara. Kotun ta ce kundin riƙon ƙwarya ya halatta ta, kuma in babu ita masu laifin ba za su taɓa faɗin inda gawarwaki suke ba.

Ya kamata a san cewa afuwar can ba ta kowa da kowa ba ce. Mutum shi zai nema da sunansa, a kan aiki takamaimai, ya nuna yana da nasaba da manufar siyasa, ya faɗi komai ba tare da ɓoye ko ɗaya ba. Mutum 7,112 suka nema, 849 aka ba. Tsarin yana tafiya ne da tsoro: in ba ka zo ba, ko aka hana ka, kotu na jiranka. A nan aka gaza. Kwamitin ya miƙa wa masu gabatar da ƙara kusan shari'o'i 300, waɗanda aka gurfanar ba su taka kara sun karya ba. 'Yan sandan da Biko ya mutu a hannunsu an hana su afuwa a 1999, kuma ba a yi musu shari'a a lokacin ba. Wanda ya yi shiru ya fi wanda ya fito ya yi magana riba. Mahmood Mamdani ya ƙara wata suka: kwamitin ya tsaya a kan mai azabtarwa da wanda aka azabtar, ya bar miliyoyin da aka kora daga filayensu da waɗanda suka ci moriyar tsarin.

Aisha M.
Ruwanda fa? Su ai ba su yi afuwa ba.

Malam Sani
Su matsalarsu yawa ce. Bayan kisan ƙare-dangin 1994, a ƙarshen shekarun 1990 akwai kimanin mutum 120,000 a tsare, alƙalai da lauyoyi kuma an kashe wasu, wasu sun gudu. Kotun Majalisar Ɗinkin Duniya da ke Arusha a duk rayuwarta mutum 93 ta tuhuma. Sai aka kafa kotunan gacaca, wato kotunan al'umma na ƙauyuka da unguwanni, wajen 12,000, jama'a suka zaɓi alƙalai daga cikinsu, babu lauya. Aka kasa laifuka: masu tsarawa da jagoranci, masu kisa da raunatawa, masu ɓarnar dukiya. Wanda ya amsa laifi, ya ambaci abokan aikinsa, ya nemi gafara, ana rage masa hukunci, wani kaso kuma ya koma aikin gayya. Zuwa rufewa a 2012 sun saurari shari'o'i sama da miliyan 1.9, mafi yawansu na dukiya.

Inda ta yi rauni: rangwame a kan ambaton suna yana haifar da ƙage, mai rigimar gona da maƙwabcinsa ya samu dama; mai son ba da shaidar kariya yana tsoron a ce shi ma da shi. Da babu gara ba daɗi, za a iya cewa. Amma ga abin da ya shafi tambayar Barista Hauwa: dokar 2004 ta cire laifukan yaƙi daga hurumin gacaca, ke nan kisan da ake zargin sojojin RPF, ƙungiyar da ta karɓi mulki bayan yaƙin, da yi ba ya shiga. A Arusha ma, da mai gabatar da ƙara Carla Del Ponte ta taɓa wannan fayil, gwamnatin Kigali ta tsaurara wa shaidu tafiya a 2002 har zaman kotu ya tsaya, a 2003 kuma Kwamitin Sulhu ya raba muƙaminta aka naɗa wani a kan Ruwanda. Kotun ta rufe ba ta gurfanar da ɗan RPF ko ɗaya ba.

Barista Hauwa
Bari in kawo sashe na 17 na Yarjejeniyar Roma, don mutane da yawa suna ɗaukar kotun Hague a matsayin kotun ɗaukaka ƙara ta duniya, kuma ba haka ba ne. Ba ta shiga sai ƙasar ba ta yin komai, ko tana yi amma ba da gaske ba, ko ba ta da iko. Ma'aunin da alƙalai suka kafa shi ne mutumin nan ɗaya, a kan kusan aikin nan ɗaya. Shi ya sa a kan Simone Gbagbo, matar Laurent Gbagbo, kotun ta ce shari'ar Abidjan ba ta wadatar ba, don can laifin yi wa ƙasa zagon ƙasa ake bincike, ba kisan fararen hula ba. Shi ya sa kuma ta bar wa Libiya Abdullah al-Senussi, shugaban leƙen asirin Gaddafi, duk da ƙorafin cewa bai samu lauya ba, don aikin sashen shi ne hana a kare mai laifi, ba duba ingancin shari'a ba. Masana da dama ba su ji daɗin wannan ba.

Gwamnatoci sun koyi wasan. A kafa kwamitin bincike, a ba shi wata shida, a ƙara masa, a ɓoye rahoton, a gurfanar da kofur biyu a kotun soja a kan saɓa wa umarni. A bar jaki a daki taiki. A takarda kuwa ana bincike. Alamomin da ake dubawa don gane na bogi: jinkiri marar dalili, tuhumar da ba ta kai girman abin da ya faru ba, mai bincike yana ƙarƙashin wanda ake bincika, ba a kira waɗanda abin ya shafa ba, ba a taɓa neman takardun rundunar ba.

Dakta Bello
Kolombiya ce ta fi kowa ƙoƙarin amsa tambayar Hajiya Rabi ba tare da karya sashe na 17 ba. Yarjejeniyar 2016 da 'yan tawayen FARC ta kafa kotun musamman mai matakai uku. Wanda ya faɗi gaskiya duka ya amsa laifi da wuri, hukuncinsa shekara 5 zuwa 8 na taƙaita zirga-zirga da aikin gyara ɓarna, kamar cire nakiyoyi da neman waɗanda suka ɓata, ba gidan yari ba. Wanda ya amsa a makare, shekara 5 zuwa 8 a gidan yari. Wanda ya musa aka same shi da laifi, 15 zuwa 20. Kuma ta haɗa da sojan gwamnati: kotun ce ta fitar da adadin mutum 6,402 da sojoji suka kashe tsakanin 2002 da 2008 suka gabatar da su a matsayin 'yan tawayen da aka kashe a fagen fama. Hafsoshi sun tsaya gaban iyalai sun amsa da bakinsu. A 2021 mai gabatar da ƙara na Hague ya rufe binciken share fage da aka buɗe tun 2004.

Kotun musamman ɗin ba ta bin shari'a ɗaya-ɗaya, tana tara dubbai ƙarƙashin babban fayil guda, misali garkuwa da mutane, ta nemo tsarin da waɗanda suka fi alhaki. Kuɗin wannan shi ne lokaci: sai a 2025 hukunce-hukuncen farko na irin wannan suka fito.

Hajiya Rabi
Shekara 8 ba a kurkuku ba ga wanda ya tsare mutum a daji da sarƙa a wuya shekara da shekaru. Ban san yadda za a gaya wa iyalinsa wannan adalci ne ba. Jama'ar ƙasar ma ai sun ƙi yarjejeniyar farko a ƙuri'ar raba gardama.

Ustaz Kabir
Kuma ko an yanke hukuncin, diyya fa? A shari'ar Habré an yanke kimanin sefa biliyan 82 ga mutum 7,396. Habré ya rasu a 2021 asusun da aka ce Tarayyar Afirka za ta kafa bai biya su ba. Alƙali yana rubuta adadi, amma babu wanda ya daskarar da kadarorin mai laifin tun ranar da aka fara bincike, lokacin da ake iya samunsu.

Barista Garba
Ku ƙara da Gini. Kisan filin wasa na Conakry ranar 28 ga Satumban 2009, aka shekara 13 kafin a fara shari'a, kotun cikin gida ta samu Moussa Dadis Camara, shugaban mulkin soja a lokacin kisan, da laifukan cin zarafin bil'adama a Yulin 2024, ɗaurin shekara 20. Aka yi ta yabo cewa ga sashe na 17 ya yi aiki. A Maris na 2025 shugaban mulkin soja ya yi masa afuwa bisa dalilin rashin lafiya. A Guatemala ma an ɗaure tsohon shugaban mulkin soja Ríos Montt shekara 80 a Mayun 2013, bayan kwana goma Kotun Tsarin Mulki ta rushe hukuncin.

Malama Aisha, tun da ke kika tambayi abin da ake yi a aikace: abin da ke hannun masu tattara bayanai tun kafin a san wace kotu za ta zauna shi ne kada su lalata hujja. Kada a tone kabarin bai-ɗaya sai da masana, a yi masa alama a tsare shi kawai. A Srebrenica ta Bosniya, bayan kisan kiyashin 1995, masu laifin sun dawo da manyan motoci bayan wata biyu suka kwashe gawarwaki zuwa wasu ramuka, kuma abin da ya haɗa ramukan farko da na biyu shi ne irin ƙasa da kwanson harsashi da igiyoyin ɗaure hannu da aka tattara bisa ƙa'ida, sannan gwajin ƙwayar halitta ya gano kusan mutum 7,000. Takarda in an samu a ɗauki hotonta a inda take, a rubuta wa ya ɗauka, yaushe, wa ya karɓa daga hannunsa, don giɓi ɗaya a wannan jerin ya isa lauya ya ce jabu ce. Bidiyo a ajiye asalin fayil ɗin, ba wanda aka tura ta WhatsApp ba, don turawar tana goge bayanan rana da na'ura. Kuma kada ƙungiyoyi biyar su yi wa mace ɗaya tambayoyi sau biyar: bayan azabar maimaitawa, duk ɗan bambancin da ya fito tsakanin bayanan nan, ranar Talata ce ko Laraba, mutum shida ne ko bakwai, da shi za a yi mata tambayoyin ƙure a gaban alƙali.

Aisha M.
Na gode, Barista. In an riga an ɗauki bayanin fiye da sau ɗaya fa, a zubar da na baya?

Barista Garba
A'a, kada a zubar da komai. A ajiye duka da ranakunsu da sunan mai fassara na kowanne, don sau da yawa saɓanin daga fassara yake fitowa ba daga mai shaidar ba. Mai gabatar da ƙara ma wajibi ne ya miƙa wa lauyan wanda ake tuhuma duk abin da zai iya taimakonsa. A 2008 an dakatar da shari'ar Lubanga kacokan a kan takardu sama da 200 da aka karɓa bisa alkawarin sirri, yawancinsu daga Majalisar Ɗinkin Duniya, aka kasa nuna su ga ɓangaren kariya, har alƙalai suka ba da umarnin a sake shi kafin masu takardun su sassauta.